Sunan da Magajiya Ba Ta Faɗa

A zamanin Sarki Hankurau, Birnin Marke ya yi damina biyu ba a ji tambari ba. An yi Sallah shiru, an yi naɗe-naɗe shiru, shi kansa Sarkin ma da kakaki kaɗai aka raka shi gadon ubansa. Tamburan suna kife a zauren Sarkin Tambura, gizo-gizo yana ta sha'aninsa a kansu. Wadda ta sa aka kife su ita ce Magajiya Gwamma, mahaifiyar Sarki, ta kuma ce ba mai tayar da su sai ranar da aka durƙusar da Barden Ƙirya a gabanta.

Ƙirya gari ne a kan dutse, gabas da Marke, kogi ne ya raba su. Tun kaka da kakanni garuruwan biyu suke rigima a kan fadamar da ke bakin kogin. Bana Markawa su ƙone rumbuna, baɗi Ƙiryawa su kore shanu, a bar gawa ɗaya ko biyu a cikin ciyawa. Ba wanda ya san wanda ya fara, domin kowa ka tambaya daga ranar da aka cuce shi yake soma labari. A ɗaya daga cikin irin waɗannan fitar ne kibiya ta sami Ciroma Ilyasu a wuya, a Mashigin Kada. Wanda ya harba ta shi ne Barden Ƙirya, wanda kowa ya sani da kirarinsa, Gwanki. Tsohon Sarki bai daɗe ba bayan ɗansa, sai sarauta ta faɗo kan ƙanen Ciroma, wato Hankurau. Wanda ya laƙaba masa wannan suna fatan haƙuri kawai ya yi, don tun yana yaro ba ya iya jiran tuwo ya huce.

Mutanen gari sun yi mamakin zafin Magajiya, domin duk tsawon rayuwar Ciroma ba wanda ya taɓa ganin ta ɗaga ido ta dube shi. Ɗan fari ne, ita kuwa Gwamma ta riƙi kunyar ɗan fari da hannu bibbiyu. Tana yaye shi ta miƙa shi ga ɗan gwaggonta, Galadima Ranau, a can ya girma. Sunansa bai taɓa fita daga bakinta ba. In magana ta matsa mata sai ta ce “yaron gidan Galadima”, ko bayan yaron ya yi gemu ya ja runduna. Akwai wani mai kawo mata goro da ya yi rashin sa'a suka haɗa suna da Ciroma, shi ma har ya mutu “Mai goro” yake a bakinta. Hankurau kuwa auta ne, sunansa kullum yana bakinta kamar asuwaki.

Kuyangin gidan dai sun san abin da gari bai sani ba. Kowace safiya Magajiya da hannunta take dama fura, ta zaɓi nono mai kauri, ta zuba zuma, ta rufe da faifai, sannan ta ɗaure fuska ta ce a kai gidan Galadima, ta yi saura, kada ta lalace. Ban taɓa jin furar da take yin saura tun kafin kowa ya sa ludayi ba sai wannan. Ranar da Ciroma zai fita Mashigin Kada ya zo da sulkensa ya durƙusa a bakin ƙofarta, ya ce, “Inna, za mu fita.” Tana kaɗi a lokacin. Ƙwaryar furar tana gefenta a rufe, kuma ta gefen ido ta ga leɓensa a bushe, ta san bai karya kumallo ba. Amma tsakar gidan cike yake da mata, ga manyan bayi a tsaye. Sai ta dubi mazarinta ta ce Allah ya kiyaye hanya. Ya ɗan jira kaɗan, sannan ya tashi. Da aka shigo da gawarsa da la'asar, ƙwaryar tana nan yadda take. Ko a ranar Magajiya ba ta yi kuka a gaban mutane ba, kuma ni a ganina hawayen da kunya ta hana fita su ne suka koma wuta.

Sarautar Magajiya a Marke ba ta ado ba ce. Tana da wurin zama a majalisa, tana da gonaki da bayinta, kuma duk wanda ya sha da ludayinta ƙarfen Marke ba ya taɓa shi, ko da Sarki ne ke neman kansa. Mutum ɗaya ne yake iya yi mata gardama ya kwana lafiya, shi ne Galadima Ranau. Taubasai ne, ita 'yar namiji shi ɗan mace, saboda haka tun suna wasan ƙasa take ce masa bawanta, shi kuma yana ce mata mai bakin barkono. Sun tsufa tare suna wannan tsiya, haƙoransu sun zube a cikinta.

Da kaka ta yi, abu biyu suka faru a rana guda. Da safe Sarkin Tambura ya shigo fada a guje, fuskarsa a kumbure, ya ce ƙudan zuma sun shiga babban tambari ta wata tsaga sun yi saƙa a ciki. Kafin a gama jajanta masa sai ga manzon Sarkin Ƙirya a ƙofar gari, ɗauke da faifai, an ɗora auduga da gishiri a kai. Aka shigo da shi majalisa ya faɗi ya yi gaisuwa, ya ce ubangidansa yana neman a binne gaba. Zai ba da garken shanu diyyar Ciroma, zai kuma janye daga fadama.

Madawaki Barmo, shugaban mayaƙa, shi ya fara tashi. Ƙato ne mai murya kamar ana jan turmi, kuma shi ya ɗauko gawar Ciroma a kafaɗarsa daga cikin ruwa, don haka ba a ga laifinsa ba.

Ya ce, “Zaki, Allah ya ja zamaninka. Toron giwa, ka ga ishara da idonka. Tambarin da muka kife ya gaji da jiranmu, ya tara rundunarsa masu harbi. Ƙiryawa ba su aiko da gishiri don sun so mu ba, sun ji ƙarar maƙeranmu ne. Ramuwar gayya ta fi gayya zafi, a ba ni izini in koya musu wannan karatu.”

Majalisa ta ɗauki guna-gunin yarda. Galadima ya bari ta lafa, sannan ya gyara zama, don gwiwoyinsa sun daina yarda da tsayuwa.

Ya ce, “Allah ya ba ka nasara, Madawaki ya ga harbi, ni kuwa zuma na gani. Kowa da abin da yake nema a cikin amya. Yaron da ake maganarsa, a bayana ya girma, ni na ɗaura masa kwari da baka na farko. Da jini yana dawo da mutum, da ni zan riga Madawaki ɗaukar mashi da tsufana. Amma ku tuna, Gwanki bai harbi Ciroma don nishaɗi ba, ubansa muka sare a fadama yana yaro. In mun kashe shi, yana da ƙanne suna tasowa, mu ma muna da jikoki. Wa zai tsaya a ƙarshen wannan igiya?”

Sarki Hankurau ya dubi mahaifiyarsa, kamar yadda ya saba tun yana rarrafe. Magajiya ba ta dubi kowa ba. Ta ce ita ba ta da ɗa a cikin wannan magana, yaron gidan Galadima aka kashe, in Galadima ya iya karɓar saniya a madadinsa to ita ba ta iya ba. Sannan ta juya wajen taubashinta ta ce dama an gaya mata bawa in ya tsufa tsoro yake kama shi, yau ta gani.

Galadima ya ce, “Ranki ya daɗe, bawan da ya tsufa a gida shi ya san inda ɗaki yake yoyo.”

Aka yi 'yar dariya, amma magana ta riga ta ƙare. Sarki ya sa aka ɗora kibiya a kan faifan aka mayar wa manzo. Audugar da gishirin kuwa Galadima ya tattara ya zuba a aljihun rigarsa, ya ce asara ce a zubar da gishiri, aka yi ta yi masa dariyar rowa.

Da ruwa ya ja, rundunar Marke ta fita. Madawaki ba ƙarfi kaɗai gare shi ba, yana da dabara. Ya sa Sarkin Ruwa ya kwashi maharba a jirage, suka bi cikin ciyawar bakin kogi suka ƙetare can ƙasa ba a gan su ba. Shi kuma ya kawo sauran mayaƙa Mashigin Kada da hantsi, ana buga kuge ana busa ƙaho, don duk wanda ke kan dutse ya ji. Ƙiryawa suka gangaro suka tare bakin mashigi. Kibau suka yi ta zuba daga gaɓa zuwa gaɓa, masu garkuwa suka shiga ruwa har ƙugu, aka haɗu a tsakiya ana sara. Rana ta take tsaka ba wanda ya ja da baya, ruwan ya canza launi, ana taka gawa ana zaton dutse ne. Can sai hayaƙi ya tashi a bayan Ƙiryawa, mutanen Sarkin Ruwa sun cinna wa sansaninsu wuta. Da ganin haka sahunsu ya tsinke, kowa ya nufi hanyar dutse.

Mutum ɗaya ne bai juya ba. Gwanki ya hau wani falalen dutse a tsakiyar mashigin, ya tsare hanya shi da 'yan tsirarun mutanensa, don sauran su sami hawa. Duk wanda ya matso sai ya ji kibiya, har kwarinsa ya ƙare, sannan ya zare takobi. Da Madawaki ya so, da an gama da shi da mashi daga nesa, amma Sarki ya riga ya ce da rai Magajiya take son sa. Sai masunta suka zagayo ta bayansa a jirgi suka watsa masa taru, suka jawo shi cikin ruwa kamar giwan ruwa. Kafin nan dai mutanensa sun shige ganuwarsu sun rufe ƙofa.

Ranar da aka shigo da shi gari har kan katanga mutane suka hau don su ga dodo. Abin da suka gani ya rage musu daɗi. Saurayi ne dogo siriri, mai wushirya, da ƙyar in ya kai shekarun marigayi Ciroma. Aka kai shi gidan Yari aka sa masa mari. Tun daga ranar bai sa komai a bakinsa ba sai ruwan alwala da yake kurkurewa, domin a al'adar Ƙirya mutum ba ya cin abincin gidan da jini ke tsakaninsa da su.

Ana gobe za a zauna a kan maganarsa, Galadima ya dogara sandarsa da hantsi ya tafi gidan Yari. Shi kansa bai san abin da ya kai shi ba. Wataƙila so yake ya ga hannun da ya raba shi da ɗansa, ko zuciyarsa ta yarda da Madawaki ya huta. Fursunan ya yunƙura da marinsa ya gaishe shi da ladabi, ya ce masa Baba. Galadima ya tambaye shi ko shi ya harbi Ciroma. Ya ce shi ne, ba zai yi musu ba, kamar yadda Markawa ba su yi musun ubansa ba. Ya ƙara da cewa Ciroma namiji ne, har ya faɗi bai ba da baya ba. Galadima ya ce masa Gwanki ai kirari ne, ran suna me liman ya raɗa masa?

Saurayin ya ce, “Ilyasu.”

Tsohon ya zauna a dandaryar ƙasa da babbar rigarsa.

Fursunan ya ce, “Lafiya, Baba? Ni ma nakan manta da shi. Ɗan fari ne ni, uwata ba ta faɗa. Kakata ce mai kirana da shi, ita kuwa ta daɗe da rasuwa.”

Galadima ya tashi da ƙyar ya fita, yana tafe yana magana shi kaɗai, har dogaran ƙofa suka ce tsufa ya fara taɓa shi.

Washegari a majalisa Madawaki ya ce ba sai an ja zance ba, Sarki ya ba da umarni Hauni ya yi aikinsa. Sai Galadima ya ce a'a, in za a yi a yi shi bisa al'ada. A Marke tun zamanin kakanni jini na mai jini ne. Hauni, mai sare kai, ba ya sauke takobi sai mai jini ya tsaya gaban mai laifi, ya dubi idonsa, ya kira shi da sunansa na yanka, ya ce, “Wane, jinina yana wuyanka, na ba takobi.” An kafa wannan ne tun da aka taɓa sare wani bawan Allah a kan laƙabin da ya yi tarayya da wani. Mai jini kuwa uba ne, in ba uba sai uwa, in ba uwa sannan ɗan'uwa. Alƙali ya ce haka yake, ba ƙari ba ragi. Madawaki ya yi ta kallon Galadima a kaikaice, yana mamakin yadda mai neman sulhu jiya ya zama mai wasa wuƙa yau, amma bai ga inda tarkon yake ba. Magajiya kuwa har murmushi ta yi, na farko tun rasuwar, ta ce yau bawanta ya yi abin kai.

Galadima ya sunkuyar da kai bai rama ba, abin da bai taɓa yi ba. Ya san caca ya yi da ran saurayi, ya kuma san da zuciyar taubashiyarsa ya yi ta. Abin da ya dogara da shi ɗaya ne: macen da ta fi shekara talatin tana kewaye suna ba za ta faɗe shi a gaban gari ba. In ta yi shiru takobi ba zai sauka ba, ko da ita ba za ta sake yi masa magana ba har abada.

Ranar da aka sa, ƙofar fada ta cika ta batse. Aka fito da tambura aka jera a kife, ban da babban, wanda ba mai iya matsawa kusa da shi. Sarki ya zauna, hakimai suka zauna, Magajiya tana dama da Sarki a kan buzunta, lulluɓe da baƙin saƙi. Aka kawo fursuna aka durƙusar, Hauni ya tsaya a bayansa. Alƙali ya tashi ya ce mai laifi ya faɗi sunansa na yanka da ƙarfi, mai jini ta ji.

Ya faɗa.

Shirun ya fara daga gaba ya bi sahu-sahu har bayan taro. Sarki ya yunƙura kamar zai miƙe ya koma. Madawaki ya ce makirci ne, an sanya masa a baki, sai Alƙali ya sa aka kawo sauran kamammun Ƙirya ɗaya bayan ɗaya, kowanne ya rantse sunan ke nan. Madawaki ya ce to Sarki ya faɗa a madadin mahaifiyarsa. Alƙali ya ce uwa tana raye, ba a tsallake ta. Sarki Hankurau ya sauko daga mazauninsa ya durƙusa a gabanta, ya manta da rawanin da ke kansa, ya ce in abin ya yi mata nauyi a ɗage zuwa wata rana. Ba ta ko dube shi ba. Galadima take kallo.

Ta ce, “Ka sani.”

Ya ce, “Na sani, ranki ya daɗe.”

“Ka zaci ba zan iya ba.”

Ta miƙa hannu aka ba ta sandarta, ta tashi. Galadima ya san wannan tafiyar, ita take yi tun suna yara in an ce mata ba ta isa ba. Ta taka a hankali har gaban fursunan ta tsaya. Hauni ya gyara tsayuwa. Al'ada ta ce a dubi ido, saboda haka ta ɗaga kai ta duba, abin da ba ta taɓa yi wa mai wannan suna ba. Ba ta ga dodon da ta yi damina biyu tana ginawa a zuciyarta ba. Ta ga saurayi a durƙushe a gabanta, wuyansa ya rame, leɓensa ya bushe har ya tsage.

Bakinta ya motsa bai ba da sauti ba. Ta sake gwadawa. Da sunan ya fito, bai fito da muryar da majalisa ta sani ba. Ya fito a hankali, da ɗan ja a ƙarshe, yadda mace take kiran yaro daga cikin ɗaki.

“Ilyasu.”

Hauni ya ɗaga takobi sama yana jiran sauran maganar. Galadima ya rufe ido. Shi kuwa saurayin, wanda ya shirya wa mutuwa bai shirya wa wannan ba, rabonsa da jin sunan a bakin tsohuwa tun yana ɗan ƙarami, sai amsa ta kuɓuce masa.

Ya ce, “Na'am, Inna.”

Mutanen da ke kusa sun ce Magajiya ta daɗe a tsaye, hawaye yana bin tsagen fuskarta, ba ta share ba, ba ta kuma rufe da mayafi ba, gari duka yana kallo. Sauran kalmomin ba su da yawa, kowa a wurin ya san su, har wasu suna motsa baki suna taya ta. Da ta buɗe baki sai ta ce:

“Ka karya kumallo kuwa?”

Ya girgiza kai.

Ta waiwaya ta ce wa kuyanginta su ɗauko mata ƙwaryar da ke gefen gadonta, da ludayinta. Ashe ko bayan rasuwar ba ta fasa damawa ba, kullum sai ta dama ta rufe, da yamma a zubar wa kaji. Hauni dai hannuwansa sun fara sanyi a sama. Ya dubi Alƙali, Alƙali ya dubi Sarki, Sarki ya yi masa nuni da hannu ya sauke. Madawaki ya buɗe baki zai yi magana, ya dubi fuskar tsohuwar, ya mayar da bakinsa ya rufe.

Aka kawo ƙwaryar. Magajiya ta durƙusa da kanta ta buɗe faifan, ta motsa furar, ta cika ludayi ta miƙa. Saurayin bai karɓa ba. Shi ma yana da nasa jinin a wuyan Marke, kuma ya san in ya sha ya ajiye shi ke nan har abada.

Ya ce, “Inna, ni na harbe shi.”

Ta ce, “Na sani. Ban ce maka na yafe ba, wannan sai a hankali, in Allah ya ba ni kwana. Amma shekara talatin da wani abu ina riƙe da sunan nan a bakina. Ban adana shi don in miƙa wa Hauni ba. Karɓi, hannuna ya gaji.”

Ya dubi ludayin, ya dubi hanyar gabas inda dutsen garinsu yake. Sannan ya sa hannu biyu, da marin da komai, ya karɓa ya kai baki.

Sarki Hankurau ya miƙe, ya share fuska da hannun riga, ya yi magana da muryar da ba a san yana da ita ba. Ya ce rantsuwar Magajiya ta cika, an durƙusar da Barden Ƙirya a gabanta, ta kuma yi abin da ta ga dama da shi. Ya ce a kwance marin, a tayar da tambura, a sa hayaƙi a babban a kwashe zuman a kai gidan Magajiya. Ya ce a nemo manzo mai sauri ya hau dutse kafin Ƙiryawa su ji tambari su zaci an kashe musu Barde, sai dai kuma ba a tanadi abin da za a ɗora masa a faifai ba. Galadima ya sa hannu a aljihu ya fito da ƙullin auduga da gishiri, ya ce ga wani tsohon ajiya, in ba a raina ba.

Makaɗa suka juya tambura suka kakkaɓe. Bugun farko ya fito a dishe, fatar ta daɗe ba ta ji hannu ba, na biyu kuwa har cikin ƙirji aka ji shi. Magajiya ta ɗaga kai ta sami taubashinta a tsaye a gefenta, gemunsa ya jiƙe sharkaf. Ta ce masa shi kuma bawan banza, za ta ji da shi in an watse. Ya ce ya ji, mai bakin barkono, ko me za ta yi masa ya ɗauka.

Ta juya wajen saurayin. Yunwa ta ci ƙarfin kunyarsa, ya ajiye ludayin ya ɗaga ƙwaryar da hannu biyu yana kwankwaɗa, furar tana zuba a gemunsa. Ta sa gefen mayafinta ta goge masa.

Ta ce, “Sha a hankali, Ilyasu. Akwai saura.”